Rigar gwanjo mai hoton teku: daga ina ta fito, kuma me ya sa tsohuwarta ta fi sabuwa tsada?

Kwanakin baya na leƙa wajen ƙanina a kasuwar Katangua da ke Abule Egba a nan Ikko, na tarar da shi ya yi tagumi. Gwanjo yake sayarwa, shekararsa tara ke nan a kan sana'ar. Na tambaye shi ko lafiya, sai ya miƙo mini waya.

Abin da ya faru shi ne, ranar da ya ɓalle wata dila da sassafe, wani saurayi ɗan gayu ya tsuguna ya tone kayan kaf, ya zaro riga ɗaya mai ratsi-ratsi wadda har ta fara koɗewa. Ba komai a jikinta sai wasu 'yan ƙananan tafin ƙafa guda biyu da aka yi wa surfani a ƙirji. Ƙanina ya ce dubu biyu da ɗari biyar, saurayin ya biya ko tayawa bai yi ba. Bayan kwana uku yaron shagonsa ya ga rigar nan a Instagram, an wanke ta an goge, wani ya saka ta ya ɗauki hoto a bakin teku, an sa mata naira dubu talatin. Har an rubuta an sayar.

Ya ce da ni, "Yaya, don Allah me ke jikin rigar nan? Wallahi saura kaɗan in jefa ta cikin 'yan ɗari biyar-biyar."

Na ce masa hoto ka sayar masa, yadin kyauta ka ba shi. Bai gane ba, sai da muka zauna na yi masa bayani. Na ga ya kamata in rubuto bayanin a nan, domin 'yan uwanmu masu gwanjo suna da yawa, daga Katangua da Yaba har Sabon Badun da Anacha da Aba da Fatakwal. Ga kuma iyaye da 'ya'yansu ke yawo da irin waɗannan riguna masu bishiyar kwakwa da faɗuwar rana da sunan Kalifoniya, ba wanda ya san mafarinsu.

Lokacin da bakin teku ya zama kasuwa

A ƙarni na 19 Bature mai hali ba ya son rana ta taɓa fatarsa. Fatar da rana ta gasa alama ce ta manomi ko lebura. Da masana'antu suka yawaita, talaka ya koma wuni a cikin ma'aikata ba ya ganin rana, sai abin ya juya. Daga shekarun 1920 wanda fatarsa ta yi duhu shi ne mai kuɗin da zai bar aiki ya je ya kwanta a kan rairayi. Abin dariya ne idan mutum ya tuna kuɗin da ake kashewa a nan wajen man bilicin, alhali can kuɗi suke biya don su yi duhu.

Sai kuma dokokin hutu suka zo. A 1936 gwamnatin Faransa ta wajabta a ba kowane ma'aikaci hutun mako biyu a shekara tare da albashinsa. Ingila ta biyo baya da tata dokar a 1938. Jiragen ƙasa da motoci suka riƙa kwasar mutane zuwa gaɓar teku. Duk inda jama'a suka taru da 'yan canji a aljihu kuwa, mai talla ba ya nisa.

Wani kamfani a birnin Portland na jihar Oregon a Amurka yana cikin waɗanda suka fara gano bakin zaren. An kafa shi a 1910, sana'arsa saƙa suwaita da safa na ulu. A 1913 wani ɗan ƙungiyar masu tseren kwalekwale ya roƙe su su saƙa masa kayan da zai riƙa sakawa a kan ruwa lokacin sanyi. Daga nan suka shiga yin kayan ninƙaya, daga baya kamfanin ya ɗauki sunan ɗaya daga cikin masu shi, Jantzen.

Ku lura, kayan ulu ne, idan suka sha ruwa nauyi suke yi. Amma Jantzen bai tsaya yana yabon saƙa da ƙarko ba. A 1920 ya fito da zanen wata budurwa cikin jan kaya da hula da safa, ta miƙe a iska za ta faɗa ruwa. Zanen ya karɓu har mutane suka riƙa manna shi a gilashin motocinsu, suna yi wa kamfanin talla kyauta. Takensu kuma yana cewa, wannan ita ce rigar da ta mayar da wanka ya zama iyo. Wato abin da suke faɗa wa mai saye shi ne, kai ba mai tsoma ƙafa a gefen ruwa ba ne, kai matashi ne mai jini a jika. Wannan dabara ce duk waɗanda suka biyo baya suka kwaikwaya: a nuna rayuwar da mutum yake sha'awa, a liƙa wa rigar.

Kada wani ya zaci Turawa haka suka tashi da tsiraici. Akwai wani sanannen hoto na 1922 da aka ɗauka a wani wurin wanka a birnin Washington, inda jami'i ya durƙusa da magwaji yana auna tazarar da ke tsakanin gwiwar mace da bakin rigarta, domin doka ta ce kada ta wuce inci 6. Har cikin shekarun 1930 akwai garuruwan Amurka da ake cin tarar namiji idan ya buɗe ƙirji a bakin ruwa. A hankali aka yi ta rage yadin, talla na ja jama'a na bi, har zuwa 5 ga Yulin 1946 da wani Bafaranshe, Louis Réard, ya fito da kayan wankan mata 'yan mitsi-mitsi a Paris. Ya sa musu suna bikini, sunan wani tsibiri a tekun Fasifik inda Amurka ta gwada bam ɗin nukiliya kwana huɗu kafin nan. Ko sunan ma talla ne.

Rigar Hawai mai furanni

Rigar nan mai maɓallai da manyan furanni ko ganyen kwakwa, wadda samarinmu ke sakawa ranar Sallah idan za su Elegushi, asalinta tsibirin Hawai ne. A farkon shekarun 1930 teloli 'yan asalin Japan da Sin da ke birnin Honolulu suka fara ɗinka riguna da yadin da Japanawa ke yin kayan gargajiyarsu. Wani ɗan kasuwa mai suna Ellery Chun shi ya yi wa sunan Aloha rajista a kan rigar a tsakiyar shekarun.

Masu yawon buɗe ido suka riƙa saye a matsayin tsaraba. Bayan Yaƙin Duniya na Biyu sojojin Amurka da suka bi ta Hawai suka koma gida da ita. A 1951 shugaban Amurka Harry Truman ya fito a bangon mujallar Life sanye da irinta. A 1959 Hawai ta zama jiha ta 50 a Amurka, a 1961 kuma mawaƙi Elvis Presley ya yi fim a can. Daga nan mutumin da ke zaune a garin da ƙanƙara ke rufe ƙofa wata huɗu a shekara, idan ya sa rigar nan sai ya ji kamar ya ɗan taɓa hutun da ba shi da kuɗin zuwa.

Akwai wani mutum da ya kamata a sani a wannan labari, Duke Kahanamoku. Ɗan asalin Hawai ne, mai duhun fata, ya ci zinare a gasar ninƙaya ta Olamfik a 1912 da 1920. Shi ya yaɗa wasan kakanninsa na hawa igiyar ruwa a kan allo, ya kai shi Ostiraliya da gaɓar Amurka. Wasan nan shi ya zama uwa-uba a tallan tufafin bakin teku.

Tafin ƙafa biyun nan

A ƙarshen shekarun 1950 zuwa farkon 1960 hawan igiyar ruwa ya zama abin yayi a kudancin Kalifoniya. Fina-finai suka ɗauka, mawaƙa suka ɗauka. Akwai wata ƙungiyar mawaƙa, The Beach Boys, da aka kafa a 1961, wadda ta yi suna da waƙoƙin teku da allo da motoci. Abin da da yawa ba su sani ba shi ne, a cikinsu mutum ɗaya ne kawai, mai kiɗa musu ganga Dennis Wilson, yake hawa ruwan da gaske. Sauran sun rera, duniya ta saya.

A wannan yanayi ne, a 1960, wani mai hawan ruwa da ake kira Duke Boyd ya haɗu da wata mai ɗinki suka fara yin gajerun wanduna masu ƙwari da ruwa ba zai yaga ba. Suka sa wa kayan suna Hang Ten. Sunan wani salo ne na gwaninta, inda mai wasa ke takawa har ƙarshen hancin allo ya leƙa da yatsun ƙafarsa goma duka. Tambarinsu shi ne 'yan tafin ƙafa biyu. Ita ce rigar da ƙanina ya saki a dubu biyu da ɗari biyar.

Bayansu wasu suka biyo. Quiksilver da Rip Curl sun taso a 1969 a wani ƙaramin gari mai suna Torquay a Ostiraliya. Ocean Pacific, wanda ake taƙaitawa OP, ya fara tufafi a Kalifoniya a 1972. Billabong ya fito a Ostiraliya a 1973. A farkon shekarun 1980 wani mai sassaƙa alluna, Shawn Stussy, ya fara buga sa hannunsa a kan riguna. Duk mai gwanjo ya san waɗannan sunaye, ko da bai san daga ina suke ba.

Idan ka jera tsofaffin tallansu za ka ga kusan abu ɗaya ne. Rana ta kusa faɗuwa, sama ta yi ja da ruwan lemo. Samari da 'yan mata ba takalmi, gashi a yamutse, suna dariya, ga tsohuwar mota da alluna a samanta. Ba ofis, ba agogo, ba tsoho, ba mai gumin neman abinci. Sau da yawa sai ka ƙura ido kafin ka gane wace riga ake tallatawa, kuma ba a cika rubuta farashi ba. Dalili a fili yake. Masu hawan ruwa na gaske 'yan ƙalilan ne, ba za su riƙe kamfani ba. Kasuwar tana wajen miliyoyin matasan da ke garuruwan da ba su taɓa jin ƙamshin teku ba. Su ake so su ga hoton su ce, ni ma haka nake a zuciyata.

Har Ikko sun zo

Ga wani abin da zai ba wasu mamaki. A ƙarshen 1963 wani mai ɗaukar fim, Bruce Brown, ya ɗauko samari biyu, Mike Hynson da Robert August, suka zaga duniya da allunansu suna bin lokacin zafi. Fim ɗin, The Endless Summer, ya shiga manyan gidajen sinima a 1966. Ƙasashen da suka fara sauka su ne Senegal da Ghana da Najeriya, sun shiga ruwa a gaɓar Ikkon nan tamu kafin su wuce Afirka ta Kudu. Fastar fim ɗin, mai inuwar mutane uku da alluna a gaban wata ƙatuwar rana cikin launin hoda da ruwan ɗorawa, ita ce uwar yawancin zanen faɗuwar rana da kuke gani a kan riguna har yau.

Fim ɗin ya nuna kamar su suka kawo wasan Afirka. Amma masanin tarihi Kevin Dawson ya nuna cewa tun shekarun 1640 wani Bature ya rubuta cewa ya ga yara a gaɓar ƙasar da ake kira Ghana yanzu suna hawa igiyar ruwa a kan katako.

Wa aka cire daga hoton?

Wannan ya kawo mu wani ɓangare da talla ba ta faɗa. A tsofaffin hotunan nan da wuya ka ga baƙar fata, alhali wasan kansa na masu duhun fata ne tun asali. Ba haɗari ba ne. A lokacin da ake buga su, bakin teku da yawa a Amurka haramun ne ga baƙi. A garin Manhattan Beach na Kalifoniya wasu ma'aurata baƙaƙe, Willa da Charles Bruce, sun sayi fili a bakin ruwa a 1912 suka buɗe wurin hutawa don 'yan uwansu. A 1924 hukumar garin ta fara matakin ƙwace filin. Sai a 2022 aka mayar wa zuriyarsu. A Afirka ta Kudu kuwa dokar 1953 ce ta raba bakin teku tsakanin fari da baƙi, ba a soke ta ba sai 1990.

Kamfanin da ya fi kowa fito da wannan dabara tsirara shi ne Hollister, mai tambarin tsuntsun teku. Kun sha ganin an rubuta 1922 da Kalifoniya a jikin rigunansa. To, a shekarar 2000 aka ƙirƙiro shi. Kamfanin Abercrombie & Fitch ne ya kafa shi, kuma shagonsa na farko a birnin Columbus na jihar Ohio aka buɗe, jihar da ba ta da gaɓar teku. Labarin wani matafiyi da ya kafa shagon a 1922 tatsuniya ce da aka zauna a ofis aka tsara. Sun riƙa sanya manyan talabijin a shagunansu suna nuno bakin tekun Huntington Beach kai tsaye, don mai saye ya ji kamar yana can.

Da yake hoto suke sayarwa, sai ya zama dole ma'aikatan shago su dace da hoton. A 2008 wata Musulma 'yar shekara 17, Samantha Elauf, ta nemi aiki a wani shagon Abercrombie a birnin Tulsa, aka hana ta saboda ɗankwalinta ya saɓa wa ƙa'idar shigarsu. Shari'a ta kai har Kotun Ƙolin Amurka, inda a ranar 1 ga Yunin 2015 alƙalai 8 cikin 9 suka ba ta gaskiya.

Me ya sa tsohuwar ta fi tsada?

Hausawa sun ce idan dambu ya yi yawa ba ya jin mai. Kamfanonin nan sun yi ta faɗaɗa har kayansu suka cika kowane kanti. OP ya ƙare a kantunan Walmart na masu neman araha. Quiksilver ya shiga kotu neman kariya daga masu bin sa bashi a Amurka a 2015. Yau Quiksilver da Billabong duk suna hannun kamfani ɗaya da sana'arsa ita ce sayen sunaye yana ba wasu hayarsu su buga a kan kaya.

Da sababbin suka zama na kowa da kowa, sai matasa a Amurka da Turai da Japan suka koma neman na da, waɗanda aka ɗinka lokacin da kamfanonin suke ƙanana. Su ne ake kira bintej, kuma galibi ana nufin kayan da suka kai shekara 20 ko fiye. A nan wajenmu kalmar ta ɗan karkace, duk riga mai santsi da zane ana ce mata bintej ko da jiya aka ɗinka ta a Aba. Amma saurayin da ya tone dilar ƙanina ainihin tsohuwar yake nema. Koɗewar da ƙanina ya ɗauka aibi ce, ita ce shaidar da yake so. Wato talla ta zagayo sau biyu: da can an sayar wa kakansu mafarkin teku, yanzu ana sayar wa jikan kewar zamanin kakan.

Kayan kuma suna zuwa mana ne saboda can idan tsoho ya rasu ko aka share ɗaki, sai a kai tufafin ga ƙungiyoyin agaji. Abin da ba su sayar ba a ɗaure shi dila-dila a turo Afirka, yawanci ta Kwatano da Lome, tunda gwanjo na cikin jerin kayan da dokar Najeriya ta hana shigowa da su. Masu tantancewa a can suna tsince masu daraja, amma ba sa kama duka.

Abin da mai gwanjo zai duba

Ga abin da na faɗa wa ƙanina, kuma bai buƙatar jari:

Juya kalmasar hannu da ta ƙasan tishat. Idan layin ɗinki ɗaya ne, akasari ta girmi tsakiyar shekarun 1990. Daga lokacin ne layi biyu ya zama ruwan dare.

Duba ƙyallen wuya. Idan an rubuta an yi ta a Amurka, ko Hawai, ko Ostiraliya, a ajiye ta gefe, domin daga shekarun 1990 yawancin ɗinkin ya koma ƙasashen da lada ke da araha. Idan ba ƙyalle, an buga bayanin a jikin yadin ne kai tsaye, ko akwai adireshin intanet, to ta baya-bayan nan ce.

A 1972 Amurka ta wajabta manna bayanin yadda za a wanke tufa. Tsohuwar rigar Amurka da ba ta da shi, kuma ba alamar an yanke, mai yiwuwa ta girmi wannan shekara.

A rigar Hawai, duba maɓallan ko na ƙoƙon kwakwa ne ko katako, sannan duba aljihu. Idan zanen aljihun ya haɗu daidai da na jikin rigar har ba ka gane akwai aljihu, aikin mai tsada ne.

Shekarar da aka rubuta ɓaro-ɓaro a ƙirji ba hujja ba ce. Ku tuna da 1922 ɗin Hollister.

Sai dai kada a yi wa rogo kallon kitse. Ba kowace tsohuwar riga ce ke da kasuwa ba, kuma akwai jabu da ake yi wa ɗinki layi ɗaya da gangan. Idan alamu biyu ko uku suka haɗu, a sa yaro ya ɗauki hoton tambarin ya bincika a waya kafin a yanka farashi. Minti biyar ne.

Ga iyaye kuma, ni ban ce a hana yaro saka riga don tana da bishiyar kwakwa ba. Amma a riƙa karanta abin da aka rubuta da abin da aka zana, domin wasu na ɗauke da tallan giya ko hoton da ba za ka so a shiga masallaci da shi ba. Kuma yana da kyau yaro ya san cewa rayuwar da ke cikin hoton, ta wuni a rairayi ba aiki ba nauyin kowa, ko waɗanda aka ɗauka a hoton biyan su aka yi, aiki suka je. Mu da ke zaune a Ikko mun fi mutumin Ohio sanin teku. Mun ga yadda ya cinye Bar Beach kafin a cike wurin a gina Eko Atlantic, kuma 'yan uwanmu ne ke jan dawakai a kan rairayin nan tun safe har magariba suna neman na tuwo.

Ƙanina dai yanzu ya ware wani buhu a ƙarƙashin tebur. Makon jiya saurayin nan ya dawo, ya ɗaga wata riga mai tambarin OP, ya ce nawa. Ƙanina ya juya kalmasar a gabansa ya duba, ya ce dubu goma sha biyar. Saurayin ya yi dariya ya ce, "Aboki, wa ya koya maka?" Sun daidaita a sha biyu.

Allah ya sa wa nema albarka.